"Brrr" ɗin jaririnki baƙi ne a wasu harsunan duniya

Uwargida, idan kina da jariri ɗan wata huɗu zuwa bakwai, kin san wannan wasan. Zai haɗe leɓɓansa ya hura iska, ki ji "brrr", miyau ya fantsamo miki a fuska, shi kuma yana ta ƙyalƙyala dariya. Mu a wajenmu wasan yara ne. Amma akwai al'ummomin da wannan sautin baƙi ne a harshensu, kamar yadda "b" da "m" suke a Hausa, da shi manya ke gina kalmomi.

Ana samunsa a harshen Medumba na yankin Bangangte a yammacin Kamaru, da Mangbetu na arewa maso gabashin Kwango, da Nias na wani tsibiri a Indunusiya, da Titan na Papua New Guinea. Cikin harsuna kusan 7,000 da ake magana da su a duniya, ƙalilan ne ke da shi. Masana furuci suna rubuta shi da alamar ʙ.

Yaya ake yin sa? Ki ce "tara" ko "biyar", ki lura da yadda kan harshenki ke karkarwa a bayan haƙoran sama. To, haka wannan yake, sai dai leɓɓa ne ke karkarwar. Ana haɗe su sako-sako, iskar huhu ta ture su su buɗe, su koma su rufe, ta sake ture su, sau da yawa cikin daƙiƙa ɗaya. Idan kika matse su da ƙarfi ba zai fito ba. A yawancin harsunan da ke da shi, asalinsa "mb" ne da ya zo kafin wasalin "u", inda leɓɓa ke turowa gaba su yi laushi.

Me ya sa ɗan Mangbetu ke riƙe sautin, namu kuma ya bar shi a wasa? Kunne ne. Jariri na zuwa duniya da iya bambance sautuka masu yawan gaske. Wajen wata 10 zuwa 12, sai ƙwaƙwalwarsa ta karkata ga waɗanda yake ji a gida. Haka ɗanki zai kama ɓ da ɗ da ƙ, waɗanda Bature ke shan wahala da su.

A nan ne nake so ki buɗe ido. "Brrr" ba ya tabbatar da cewa yaro yana ji. Jaririn da bai ji ma yana yin sa, yana kuma dariya, shi ya sa iyaye ke daɗewa ba su gane ba. Abin da ke jinkiri a wajensa shi ne gwalantun nan na "ba-ba-ba" da "ma-ma-ma", wanda yawancin yara masu ji ke farawa tsakanin wata 6 zuwa 10.

Ki kai shi asibiti a duba kunnensa idan ƙara mai ƙarfi ba ta firgita shi, ko ya kai wata 6 ba ya waiwayar sauti, ko ya wuce wata 10 babu gwalantu, ko ya fara sannan ya daina. Ki ƙara lura idan ya taɓa yin sanƙarau, ƙyanda, shawara mai tsanani bayan haihuwa, ko kunnensa na zubar da ruwa. Kada ki ɗiga masa mai ko wani haɗi a kunne, kada kuma a ce miki "ai babansa ma ya daɗe bai yi magana ba" ki zauna jira. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma yaron da aka gano matsalarsa da wuri ya fi samun damar koyon magana.

Idan ya yi miki "brrr", ki mayar masa, ki kira sunansa, ki yi masa hira da waƙa ido cikin ido. Naki a wata nawa ya fara gwalantu? Ki faɗa mana a ƙasa.