Fomalin, Ruwan Da Ke Hana Ruɓa

A kantunan sayar da maganin dabbobi na Tudun Wada ta Zariya akan ga wani ruwa garau kamar ruwan sha cikin galan na roba. In aka buɗe murfin sai wani wari mai yaji ya tashi ya bugi hanci, idanu su kawo ƙwalla. Wannan shi ne fomalin. Masu kiwon kaji suna sayensa, masu tumaki suna sayensa, malaman asibiti kuwa ba su rabuwa da shi. Sai dai sau da yawa akan tsiyaya wa mai saye a kwalbar lemo ko gorar ruwa, ba takarda, ba bayani, ya rataya a babur ya tafi gida da abin da cokali biyu nasa kan iya kashe ƙato. Saboda haka ya kamata manomi ya san ko mene ne wannan ruwa, da inda ya ke da amfani, da inda ba shi da shi ko kaɗan.

Asalinsa dai iska ce, masana suna ce da ita fomaldihayid. Ita ake narkarwa cikin ruwa, har ta kai kashi 37 zuwa 40 cikin 100, a ƙara masa ɗan wani irin barasa mai dafi, metanol, don kada ya lalace a ajiye. Wannan haɗin shi ne fomalin na kanti, wanda ba a sirka ba. Sunan ya samo tushe daga kalmar tururuwa a harshen Romawan dā, gama iskar dangi ce ga wani tsami da aka fara tatsa daga jikin tururuwa. Wani Barushe, Butlerov, shi ya fara cin karo da ita a 1859. Amma wanda ya gano aikin da ya ɗaukaka ta wani likita ne Bajamushe, Ferdinand Blum, a birnin Farankfot a 1893. Yana gwada ta ne don kashe ƙwayoyin cuta, sai ya lura fatar yatsunsa ta yi tauri. Ya tsoma tsokar dabba a ciki, ita ma ta ƙandare ta ƙi ruɓa.

Wanda ya taɓa tsayawa wurin majema ba zai sha wuyar gane abin da ya faru ba. Ɗanyar fata in an bar ta kwana biyu sai ta yi wari. In ta sha bagaruwa kuwa sai ta zama kirgi, ta shekara da shekaru. Haka fomalin ke yi wa nama, yana ɗaure ƙananan zarurrukan da aka gina tsoka da su, ya ɗinke su da juna, har ba abin da zai iya cinsu. Ƙwayoyin cuta su ma da irin wannan tsoka aka yi su, watau in ya same su sai ya ƙandarar da su su mutu. Ashe aikin ɗaya ne, kashe cuta da hana ruɓa. Kuma shi ya sa ba ya bambanta ƙwayar cuta da huhun mai fesa shi.

Babban amfaninsa ga makiyayi, wanda kuma mutane suka fi jahilta, shi ne wajen binciken abin da ya kashe dabba. Akuya ta kwana lafiya, da safe a tarar da ita a miƙe. Mai ita ya ce maciji ne, maƙwabci ya ce ta ci roba, wani ya ce sammu ne, kafin a gama gardama ta biyu ta faɗi. Ga shi kuwa mutanen Zariya sun fi kowa sa'a, don Tsangayar Likitancin Dabbobi ta Jami'ar Ahmadu Bello tana nan Samaru, cibiyar binciken kiwo ta NAPRI tana Shika, sa'an nan ga babbar cibiyar Vom kusa da Jos. Ita Vom ɗin ma daga Zariya ma'aikatar dabbobi ta tashi ta koma can a 1924, zamanin da bushiya ke share garake. Amma likita ba ya iya karanta ruɓaɓɓen nama, a zafin bazara kuwa hanta da hanji ba su jiran azahar.

Ga yadda malaman dabbobi ke yi. A ɗebi fomalin na kanti mudu ɗaya, a zuba ruwa mai tsabta mudu tara irinsa. Shi ne abin da su ke kira fomalin mai kashi 10. A yanko 'yar tsoka daga hanta, ko huhu, ko ƙoda, ko duk inda aka ga alamar ciwo, a haɗa da ɗan gefen da ke da lafiya don likita ya gwada su. Kaurinta kada ya kai kaurin ɗan yatsa, gama maganin a hankali ya ke ratsawa, misalin milimita ɗaya a awa guda. In aka jefa ƙatuwar tsoka sai bayanta ya ƙandare, cikinta ya ruɓe. Ruwan kuma ya zama ya ninka naman sau goma. A nemi kwalba mai faɗin baki, don naman da ya shiga da laushi da tauri zai fito. Kada a sa ta a firiza, ƙanƙara tana farfasa tsokar. Bayan kwana ɗaya ko biyu ta kamu, ko ta yi wata a hanya ba abin da zai same ta. A can sai su saka ta cikin kaki, su yanka ta siriri fiye da fatar albasa, su rina, su duba da madubin likita. Irin aikin da ake yi ke nan da tsokar da aka ciro daga jikin mutum a asibitin koyarwa, wanda ya daɗe a nan Tudun Wada kafin ya koma Shika.

Akawun gona ya lura da nasa rabon. Kwalbar da ba a rubuta mata kome ba aikin banza ce. A rubuta irin dabbar, da shekarunta, da ranar da ta mutu, da alamun da aka gani, da yawan waɗanda suka kamu cikin garken. A rubuta da fensir, don tawada takan wanke in ruwan ya taɓa ta.

Akwai wuraren da ba a yin haka. In likita yana so ya rayar da ƙwayar cutar ya gane ta, naman da ya sha fomalin ba ya yi masa amfani, tun da an riga an kashe abin da ya ke nema, sai a kai masa wani yanki ɗanye cikin ƙanƙara. Haka kan karen da ake zaton mahaukaci ne, ɗanye ake kai shi cikin sanyi, kuma aikin ma'aikata ne. Dabbar da ta faɗi farat ɗaya, baƙin jini na fita ta hanci da dubura, ba a feɗe ta sam, mai yiwuwa ciwon saifa ne, yana kuwa kama mutum. Kaji kuma in suka fara zubewa da yawa cikin kwana ɗaya, a rufe gonar a kira hukuma. Murar tsuntsaye a Jaji, kan hanyar Kaduna, aka fara tabbatar da ita a ƙasar nan a watan Fabrairu na 2006, ba nisa ba ne.

Sai batun ɗakin kaji, inda aka fi ƙarar da fomalin a unguwannin nan. Mutum ya sayar da kajin Salla, yana ɗokin zuba sababbin 'yan tsaki, sai ya yayyafa fomalin a kan tsohuwar dusa ya ce ya yi feshi. Bai yi kome ba. Maganin ba ya ratsa kashin kaji da ƙura. Sai an kwashe dusar duka, an kankare daɓe, an wanke bango da mazubin abinci da na ruwa da sabulu tukuna. Bayan haka a liƙe tagogi da leda a yi turare. Ana yinsa da wani gishirin magani mai launin shunayya, famanganet. Ma'aunin da aka saba shi ne mililita 40 na fomalin da giram 20 na famanganet ga kowane wuri mai ƙafa 100 in an auna tsawo da faɗi da tsayi an ninka. Watau ɗaki mai ƙafa goma ta kowace fuska zai ci mililita 400 da giram 200. A zuba gishirin cikin tukunyar ƙasa mai zurfi, sa'an nan a zuba fomalin a kansa, ba a juya wannan tsari. Nan take zai tafasa ya yi kumfa da zafi, don haka robar wanka ba ta yi. Mai zubawa ya fara da tukunyar da ke can ƙurya, ya fito da sauri ya ja ƙofa. A bar ɗakin rufe kwana ɗaya, sa'an nan a buɗe ya sha iska har warin ya gushe sarai kafin ɗan tsako ya shiga.

Turaren nan yana son ɗumi da laima. Da hunturu, sa'ad da iska ta bushe ƙamas, ƙarfinsa kan ragu ƙwarai, sai a yayyafa ruwa a daɓe da bango tukuna, a kuma yi shi da rana tsaka. Sanyin hunturun kuma kan sa wani farin gari ya kwanta a gindin galan. In ya yi yawa maganin ya rage ƙarfi, mai saye ya ɗaga galan ya duba kafin ya biya. Masu injin ƙyanƙyasa suna turara ƙwai kafin a jera su, na minti 20. Amma daga awa 24 zuwa 96 da sa ƙwai a injin ba a yi, don a lokacin ne ɗan tsakon ya fi rauni, turaren sai ya kashe shi cikin ƙwai.

Da damina tumaki da awakin da ke kwana cikin caɓi kofatonsu kan ruɓe, su riƙa ɗingishi. Akan sirka mudu ɗaya na fomalin da ruwa mudu 19, a zuba a kwatarniya mai faɗi, su taka su wuce, sa'an nan su tsaya a busasshen wuri. Yana taurara kofato, amma a kan buɗaɗɗen miki azaba ce, in kuma aka yawaita kofaton sai ya tsage. Inda ana samun gishirin zinki, shi ya fi sauƙi ga dabba da mai ita. A zamanin dā har irin shuka akan jiƙa da fomalin don maganin burtuntuna. Wannan ya wuce, garin wankin iri na yanzu ya fi shi, shi kuwa in an kuskure ma'auni sai ya kashe irin. A ma'aikatun allurar rigakafi ma da shi ake kashe ƙwayar cuta kafin a yi allura da ita, kamar ta harbin daji ta shanu, da ta shan inna wadda Salk ya fitar a Amurka a 1955.

To, akwai masu sayensa waɗanda ba su da kaza ko ɗaya a raye. Nama ya kwana, ko kifi ya taso daga nesa wutar lantarki ta ɗauke, sai a shafe shi da ruwan fomalin don ya yi kwanaki bai canja ba. Hukumar NAFDAC ta sha gargaɗi game da wannan, musamman kan daskararrun kajin da ake fasa ƙwaurinsu ta kan iyaka. Wannan ba dabarar kasuwa ba ce, ciyar da mutane abin da ake adana gawa da shi ne a ɗakin koyon likita. Waɗansu kan kafa hujja da cewa ai hayaƙin itace ma yana da wannan iska, da shi kuwa ake banda. Gaskiya ne akwai ta cikin hayaƙi, har jikin mutum ma yana yin 'yar kaɗan ya sarrafa ta. Amma tsakanin wannan da tsoma kifi cikin ruwan galan akwai tafiya mai nisa. Mai saye ya yi hattara da naman da ya yi tauri kamar roba, ko kifin da ba ya ƙarni sai warin asibiti. Mutane kan ce a duba ko ƙuda na sauka. Alama ce, amma ba ta isa shaida ba, don mai fesa maganin ƙwari ma yana korar ƙuda, shi ma kuwa dafi ne.

Cutarwarsa iri biyu ce, ta nan take da ta sannu. Ta nan take ita ce ƙuna a ido da maƙogwaro, da tari, da tayar da asma, da tsagewar fatar hannu. Ta sannu ta fi muni. A 2004 hukumar binciken ciwon daji ta duniya da ke Liyon a Faransa ta sa fomaldihayid cikin jerin abubuwan da aka tabbatar suna jawo wa mutum ciwon daji, musamman na can bayan hanci, a 2009 kuma ta ƙara da na jini. Tarayyar Turai ma ta hana zuba shi cikin abincin dabbobi tun 2018. Wanda abin ya fi shafa shi ne yaron gona da ake turawa ya yi feshi kowane zuwan 'yan tsaki, da ƙyalle ɗaure a hanci. Ƙyalle yana tare ƙura, ba ya tare wannan iska. Mai gona ya saya masa safar hannu ta roba, da tabarau mai rufe ido, da takunkumi mai matata irin ta fomalin, a kuma yi sirki a fili inda iska ke kaɗawa. Mace mai ciki da mai asma kada su kusanci wurin. Kada kuma a gauraya shi da ruwan bilic ko asid.

In ya fantsama a ido, a wanke da ruwa mai yawa har minti 15 ba tsayawa, sa'an nan a tafi asibiti. In yaro ya sha, kada a sa shi amai, gama abin da ya ƙona maƙogwaro da shigarsa zai sāke ƙona shi da fitarsa, kada kuma a tsaya neman manja. A ɗauke shi da kwalbar a kai asibiti nan da nan. Ragowar da ba a bukata ba a zuba ta a kwata ko kusa da rijiya, a mayar wa malamin dabbobi. Wadda za a ajiye kuwa ta zauna cikin galan ɗinta na asali, da sunanta rubuce da manyan baƙaƙe, a ɗakin ajiya mai kwaɗo, nesa da randa.