Taskace Ɗanyun Bayanan DNA Domin Amfanin Jama'a

Kafin a shiga cikin batun, ya kamata a fahimci abin da ake nufi da ɗanyun bayanai. DNA, watau sinadarin da ke ɗauke da gadon halitta, da haruffa huɗu kacal masana ke rubuta shi: A, C, G da T. Na ɗan Adam ya kai haruffa wajen biliyan 3, saboda haka na'ura ba ta iya karanta shi a tashi ɗaya. Sai an daddatsa shi gutsi-gutsi, ta karanta kowane guntu, sa'an nan kwamfuta ta harhaɗa. Waɗannan guntaye, yadda suka fito daga na'ura, su ne ɗanyun bayanai. Fa'idar adana su ita ce, in mai bincike ya yi kuskure wajen harhaɗawa, wani masanin na iya komawa tushe ya gano, ba sai ya yarda da maganarsa kurum ba.

Manyan taskoki uku ke wannan aiki: ta NCBI a Amurka, ta EBI kusa da Kambirij a Ingila, da DDBJ a Mishima ta ƙasar Jafan. Suna musayar abin da aka ajiye, kuma kowa na iya ɗauka kyauta. Wannan al'ada ta sami gindin zama ne a taron Bamuda na 1996, inda masu karanta DNA na ɗan Adam suka amince su riƙa sakin sakamakonsu cikin awa 24.

To, amma fa DNA ba na mutum ɗaya ba ne. 'Ya'ya da jikoki duk suna da kaso a ciki. A 1951 an ɗebi ƙwayoyin jikin Henrietta Lacks, wata baƙar fata mai fama da ciwon daji a Baltimore, ba da saninta ba, aka yi ta raya su a ɗakunan bincike bayan rasuwarta. A 2013 wasu masana a Jamus suka karanta DNA ɗin ƙwayoyin, suka ajiye a fili, ba tare da an tuntuɓi zuriyarta ba. Lalle wannan ganganci ne, ko da yake babu dokar da suka karya. Da iyalin suka koka, aka janye bayanan. A watan Agusta na shekarar, hukumar NIH ta daidaita da su cewa duk mai son bayanan sai ya nemi izni daga wani kwamiti, wanda biyu daga cikin 'yansa dangin marigayiyar ne.