Umeko: Sunan Da Uwa Ta Fara, 'Ya Ta Ƙarasa

 Yau zan kai ku nesa, can gabas ƙasar Japan, mu tsaya a kan sunan mace guda ɗaya tak, watau Umeko. Kada ku ce ina ruwanmu da sunan Japanawa. Ku dai yi haƙuri ku ji, gama sunan nan kashi biyu ne, kuma ba rana ɗaya aka raɗa shi ba. Uwa ce ta sa kashin farko, mai sunan kuwa ita ta ƙara na biyu da hannunta, bayan ta shekara 37 a duniya.

Da fari dai ku sani su ma Japanawa ran bakwai suke suna, kamar mu. Suna kiran bikin oshichiya, watau dare na bakwai. A kan sami farar takarda, a rubuta sunan jariri da manyan baƙaƙe da tawada, a manna a bango inda kowa zai gani, sa'an nan dangi su zauna su ci abinci. Rubutunsu kuwa ba irin namu ba ne. Kowace alama tana ɗauke da ma'anarta, wata na nufin dutse, wata ruwa, wata kyau. Saboda haka in an rubuta sunan yarinya, mai karatu ya ga abin da iyayenta suke yi mata fata tun bai tambaya ba. Kuma sunan gida shi ke zuwa gaba, sa'an nan na yanka ya biyo.

To, ran 31 ga watan Disamba 1864 aka haifi wata yarinya a birnin Edo, wanda yanzu ake kira Tokiyo, a gidan wani mutum wai shi Tsuda Sen. Ita ce ta biyu, kuma ta farin ma mace ce. Masu rubuta tarihinta sun ce da aka gaya wa uban mace aka samu, sai ransa ya ɓaci ya fice daga gida, don ɗa namiji ya sa rai. Kwana bakwai suka cika ba wanda ya zaɓa mata suna. Maijego tana kwance, ga sanyi ya tsananta, sai ta duba kusa da shimfiɗarta ta ga wani ɗan itace da aka dasa cikin kasko ya fara fure. Sunan itacen ume. Sai ta ce shi ke nan, sunan yarinya Ume.

Ke uwargida da kika taɓa haihuwa kika ga fuskar wani ta sauya don an ce mace ce, kin san abin da matar nan ta ji, ba sai na faɗa ba. A zamanin nan fa akwai sunayen da za ta iya sa wa yarinyar don nuna gajiya. Akwai Tome, watau a tsaya haka. Akwai Sue, kamar dai mu ce Auta. Akwai kuma Aguri, wanda a kan sa wa mace in mata sun yi yawa ana neman namiji. Duk ba ta ɗauki ko ɗaya ba, sai ta zaɓi ume. Bari in gaya muku ko wane irin itace ne.

Asalinsa daga ƙasar Sin aka kawo shi, yau fiye da shekara 1,000. Ba shi da girma ainun, kuma da hunturu ganyensa duk kaɗewa yake, ya tsaya ƙirin kamar busasshe. Amma cikin watan Fabrairu, sa'ad da sauran itatuwa ba su ko motsa ba, wani lokaci ma ƙanƙara na kwance bisa rassansa, sai ya fid da fure, fari ko ja, mai kunne biyar, da ƙanshi mai tafiya nesa. Fure ke riga ganye fitowa. Don haka Japanawa suka ɗauke shi alamar jimiri da juriya, abin da ba ya jiran sai wahala ta wuce kafin ya nuna kyansa. Suna haɗa shi da gora da wani itace wai shi matsu, mai ganye kamar allura wanda ba ya bushewa rani da damina, su ce ukun nan su ne abokan hunturu. Za ki ga zanensu a jikin tufafin aure da kayan bikin sabuwar shekara.

Na san da yawa cikinku kun fi jin labarin sakura, furen nan da ake nunawa in an ce Japan. To, ume ta riga ta daraja. A cikin Man'yoshu, tsohon kundin waƙoƙinsu wanda aka tattara a ƙarni na 8, waƙoƙin da suka ambaci ume sun fi 100, na sakura kuwa wajen 40 ne kawai. Ko a shekarar 2019, da sabon sarki ya hau gado aka nemi sunan da za a kira zamaninsa, daga wannan kundi aka ciro kalmar Reiwa, daidai wurin da ake labarin wani taron kallon furen ume.

Ku 'yan makaranta, ga naku. Akwai wani babban malami kuma ɗan majalisar sarki, Sugawara no Michizane, wanda aka yi wa ƙage aka kore shi daga birnin Kiyoto zuwa Dazaifu a shekarar 901, ya mutu can bayan shekara biyu. Tatsuniyarsu ta ce itacen ume na gidansa ya kasa jure rabuwa, ya tashi sama ya bi shi. Daga baya suka mai da shi abin bautarsu a kan sha'anin ilmi, har yau kuwa ɗalibai sukan cika wuraren da aka gina da sunansa in jarrabawa ta matso, kuma galibi za ki tarar an dasa ume a harabar.

Uwargida ma ba a bar ta a baya ba. 'Ya'yan itacen suna ƙosawa cikin watan Yuni. Sun ɗan fi tsada girma, ga tsami kamar me, ba su ciwuwa ɗanye. Sai a jiƙa su da gishiri mai yawa, a sa wani jan ganye don launi, a shanya a rana, su zama abin da suke kira umeboshi, wanda ke shekara da shekaru bai lalace ba. A kan sa ƙwaya ɗaya tsakiyar farar shinkafa, sai ta yi kama da tutar ƙasarsu. Ashe itacen ba ado kaɗai ba ne, yana da amfani a madafa.

Mu koma kan yarinya. Abin mamaki, uban nan da ya yi fushi ran haihuwarta shi ne ya buɗe mata hanya. Ya taɓa zuwa Amurka a shekarar 1867, ya ga abin da ya gani. A 1871 sabuwar gwamnatin Japan ta shirya aika manyanta su zaga Amurka da Turai ƙarƙashin Iwakura Tomomi, aka ce ana neman 'yan mata da za a tafi da su karatu na shekara goma. Mutane suka noƙe, wa zai ba da 'yarsa? Biyar kaɗai aka samu, Ume ce ƙaramarsu, tana da shekara 6. Cikin watan Disamba suka shiga jirgin ruwa a Yokohama.

A cikinsu akwai wata 'yar shekara 11 wadda labarin sunanta ya isa a tsaya a ji. Sunanta na yanka Sakiko. Da za ta tafi, sai uwarta ta sauya mata suna ta koma Sutematsu. Sute na nufin yarwa. Matsu kuwa kalma ce mai baki biyu: sunan itacen nan ne da na ambata mai ganyen allura, kuma tana nufin jira. Watau uwar tana cewa, na yar da ke, amma ina jiranki. Allah Sarki! Wadda ta san dalilin da ya sa a kan kira yarinya Ayashe a ƙasarmu ta gane irin zuciyar da ke raɗa irin wannan suna. Ga shi kuwa abokan hunturu biyu, ume da matsu, sun haɗu cikin jirgi ɗaya, suka zama aminai har mutuwa. Manyan biyu ba su yi shekara ba suka komo gida. Sutematsu ta daure har ta sami digiri a kwalejin Vassar a 1882, mace ta farko daga Japan da ta yi haka.

Ita Ume an ajiye ta gidan wani Bature, Charles Lanman, da matarsa, a Washinton. Ba su da ɗa, suka riƙe ta kamar sun haifa. Shekara goma sha ɗaya ta yi. Da ta komo a watan Nuwamba 1882, sai ga shi ta manta harshen Japan. Ga uwar da ta raɗa mata suna, amma hira ta gagara. Zama a ƙasa bisa tabarma ya zama mata aiki. Abin da ya fi ƙona mata rai kuwa, samarin da aka aika karatu waje suna komowa ana ba su muƙamai, amma su mata gwamnatin da ta biya kuɗin karatunsu ba ta tanadar musu kome ba. Kowa sai ce mata yake ta yi aure ta huta. Ta ƙi.

Ta fara koyar da Turanci a makarantar 'ya'yan sarauta a 1885. A 1889 ta sake komawa Amurka, kwalejin Bryn Mawr, ta karanta ilmin halittu. Ta yi bincike a kan ƙwan kwaɗi tare da malaminta Thomas Morgan, wanda daga baya ya ci lambar Nobel, aka buga sakamakon da sunansu su biyu a 1894. Da ta so zama can da ta zauna. Amma kafin ta taso sai da ta bi matan Amurka tana jawabi, ta tara kuɗi don a riƙa kai wasu 'yan matan Japan karatu a bayanta.

A shekarar 1900 ta ajiye aikin gwamnati da albashinsa mai tsoka, ta kama hayar wani ɗan gida a Tokiyo, ta buɗe makarantar kanta ta 'yan mata da ɗalibai 10. Ba ta tambayi ko 'yar wane ce ke ba. An ce malama ce mai tsanani, kalma ɗaya sai ta sa ɗaliba ta maimaita har sai ta fita daidai. Sutematsu, wadda a lokacin matar babban hafsa ce, ta tsaya mata wajen neman taimako.

To, sai ga kashi na biyu na sunan. Ko alama ce mai nufin ɗa ko 'ya. A dā can har maza suna ɗaukarta, kamar jakadan nan Ono no Imoko da aka aika ƙasar Sin a shekarar 607, namiji ne sosai. Amma tun wajen ƙarni na 9 ta zama ta matan fada da gidajen sarauta. 'Yar talaka gajeren suna a kan ba ta, Hana, ko Kiku, ko Ume, in za a kira ta a sa O a gaba, a ce O-Ume. Sai bayan juyin mulki na 1868, da aka rushe tsohon tsarin daraja, matan da suka yi karatu suka fara ƙara ko a ƙarshen sunansu. Ku kuma sani a Japan kowane gida yana da rajistarsa wurin hukuma, a wancan zamanin kuwa mace tana cikin ta ubanta har ran da za a mai da ita ta mijinta. A shekarar 1902 Ume ta fita daga rajistar ubanta ta buɗe tata ta kanta, ba miji, ta sa aka rubuta sunanta Umeko. A ganina wannan ba kwalliya ba ce. Yarinyar da ta kwana bakwai ba suna ita ce ta je gaban hukuma ta faɗi yadda take so a kira ta.

Ba a daɗe ba ko ta cika ƙasa. Da aka shiga zamanin Showa a 1926, sai Kazuko ya zama sunan da ya fi kowane yawa, don alamarsa ta fari tana cikin sunan zamanin, ma'anarta kuwa zaman lafiya. Daga nan har shekarun 1950, in ka shiga ajin 'yan mata da wuya ka sami wadda sunanta bai ƙare da ko ba. Michiko, wadda ta auri yarima mai jiran gado a 1959, sunanta alama uku ne: kyau, hikima, 'ya. Jikarta Aiko, da aka haifa a 2001, 'yar ƙauna ke nan. Gidan sarauta dai sun riƙe al'adar, amma talakawa sun fara sakinta. Yanzu sai ki ji Sakura, da Yui, da Himari, in kuwa aka ce Umeko, Bajapane zai zaci sunan kakar wani ne.

Umeko ta rasu ran 16 ga watan Agusta 1929 a Kamakura, tana da shekara 64. Kafin nan girgizar ƙasar 1923 ta haddasa gobarar da ta cinye makarantarta ƙurmus, amma ƙawayenta suka nemo kuɗi aka sake ginawa a Kodaira, yamma da tsakiyar Tokiyo. A 1948 ta zama jami'a mai ɗauke da sunan gidansu, Tsuda, kuma kabarinta yana cikin harabar. Ran 3 ga watan Yuli 2024 Japan ta fid da sababbin takardun kuɗi, aka sa hotonta a kan ta yen 5,000. In wata cikinku ta taɓa samun takardar a hannu, ta juya bayanta ta duba. Akwai fure, amma ba ume ba ne, wani ne mai launin shunayya wai shi fuji. Da ni aka tambaya, da na ce a sa furen da uwarta ta gani cikin kasko.