Ina Dungas za ta ajiye abin da tsofaffinta suka sani?

A ce yau an girke wata na'ura a ƙofar fadar Dungas. Duk tsohon da ya zauna gabanta ya faɗi abin da ya sani, sai ta adana: sunayen sarakuna bi da bi, shekarar da fara ta cinye hatsi, wanda ya haƙa tsohuwar rijiya, inda burtali ya ratsa kafin gonaki su matse shi. Ɗan garin da ke leburanci a Libiya ko garuwa a Kano ya latsa wayarsa kawai, ya ji muryar kakarsa.

Ba a ƙera wannan na'ura ba tukuna. Sai dai gutsattsarinta suna nan warwatse, wasu a Faransa, wasu a Yamai, wasu a aljihun samari.

A takarda Dungas sabuwar gunduma ce, domin sai a 2011 aka cire ta daga Magarya. Sarautarta kuwa ta girmi wannan takarda nesa ba kusa ba. Tana cikin ƙasashen Tsotsebaki tare da Miriya da Wacha, waɗanda suka bi Barno kafin Damagaram ta yi ƙarfi a ƙarni na 19 ta rinjaye su.

Da yawa daga abin da ake karantawa kan wannan tarihi ya biyo ta hannun wani tafintan sojan Faransa, Moïse Landeroin. Yana cikin ayarin Kyaftin Tilho da ya zagaya yankin daga 1906 zuwa 1909, ayarin da ya haɗu da Turawan Ingila wajen shata iyakar Nijar da Najeriya. Ya zauna da fadawa da dattawa, ya rubuta abin da suka gaya masa, aka buga a Paris a 1911. Wato tafiyar da ta raba mutanen Dungas da danginsu na Jigawa ta yau, ita ce kuma ta kwashi labarinsu ta mayar da shi Faransanci. Aikin André Salifou kan Damagaram, wanda ya fito a 1971, shi ma da Faransanci ne, duk da cewa daga bakin mutanen ƙasa ya ɗebo da yawa daga cikinsa.

A Yamai akwai CELHTO, cibiyar da aka kafa a 1968 da taimakon UNESCO don tattara tarihin baka, yanzu tana ƙarƙashin Tarayyar Afirka. Akwai kuma IRSH ta Jami'ar Abdou Moumouni, mai ɗauke da rubuce-rubucen Larabci da ajami kimanin 4,000, tarin da marigayi Boubou Hama ya aza wa harsashi. Aiki ne babba, ba a raina shi. Amma tsakaninsa da manomin Dungas akwai tafiyar kusan kilomita 1,000. A 2025 hukumomin Nijar sun ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa. Littattafan dai suna nan a harshen da aka rubuta su.

Rumbun da talaka yake da shi a hannu shi ne memori. A shagon cajin waya ake loda wa mutum waƙoƙi da wa'azi da kirarin sarakuna, abokai su tura wa juna ta Bluetooth ko Xender ba tare da kashe ko dala a data ba. Zaurukan WhatsApp na 'yan gari ɗaya sun zama tamkar ƙofar gidan mai unguwa: saƙon murya ba ya neman wanda ya yi lakwal, don haka tsohuwa ma tana magana a ji ta a Aljeriya. Cikin sanarwar rasuwa da ta suna ake jero dangantaka, wane ɗan wane, jikan wance.

Matsalar ita ce wannan rumbu ba shi da gindi. WhatsApp ba ya riƙe saƙo bayan ya isar da shi. Idan waya ta faɗa ruwa ko aka ƙwace ta a hanyar hamada, kuma ba a kwafe ba, shi ke nan. Abin da ya tsira ma sau da yawa ba suna, ba rana, ba gari. Murya ce kawai ta wani dattijo da ba a san ko wane ne ba.

Wanda yake ganin wannan zancen masu son tarihi ne kawai, ya je inda ake shari'ar gona. Dokar karkara ta Nijar ta 1993 ta amince da mallakar gargajiya, ta kuma tanadi kwamitocin filaye da za su ba da takardar shaida. Amma kafin a rubuta takardar, sai an nemo wanda ya san cewa gonar nan gado ce ko aro, kuma daga wace bishiyar gawo iyaka ta tashi. A yanki mai cunkoson jama'a irin Magarya da Dungas, inda gonaki ke ƙara tsukewa a kowane rabon gado, rasuwar shaida ɗaya tana iya raba gida da abincinsa. Ɗan ci-rani ya fi kowa shiga wannan haɗari, tunda ba ya nan ranar da ake magana.

A ganina, wahalar ba ta ƙera na'urar ba ce. Waya mai arha da mutum mai haƙurin rubuta suna da rana sun isa a fara. Wahalar ita ce a hannun wa mabuɗi zai zauna. Idan a fada ne, gidan da ya rasa sarauta zai ce an share kakansa. Idan a ma'aikatar magajin gari ne, siyasa ta shigo. Mata kuma, waɗanda suka fi kowa sanin wa ya sha nonon wa, ba kasafai ake kiransu zaman tarihi ba.

Sannan akwai abin da gari ya zaɓi ya yi shiru a kai. Damagaram ta ƙarni na 19 ta yi cinikin bayi, kuma har yau akwai dattawan da suka san asalin kowane gida. Maroƙi ya san wannan sarai, shi ya sa yake tsallake wani suna idan yana wasa mutum a bainar jama'a. Memori ba ya tsallakewa. Saƙon murya na minti biyu ya isa ya faɗa zauren dangin amarya ana gobe ɗaurin aure.