Joseph Kosma: Mai tsara kiɗan da aka hana sa sunansa a finafinai

A shekarar 1942, lokacin da sojojin Jamus ke mamaye da Faransa, an saki fim ɗin Les Visiteurs du soir a Paris, kuma ya samu karɓuwa sosai. Sai dai a jerin sunayen waɗanda suka yi aikin fim ɗin babu sunan ɗaya daga cikin masu tsara kiɗansa, wato Joseph Kosma.

Dalili kuwa shi ne Kosma Bayahude ne, kuma dokokin gwamnatin Vichy mai biyayya ga Hitler sun haramta wa Yahudawa aiki a masana'antar fim.

An haifi Kosma a Budapest, babban birnin Hungary, a shekarar 1905, inda ya yi karatun kiɗa. Daga baya ya koma Berlin, ya haɗu da marubucin wasan kwaikwayo Bertolt Brecht. Da Hitler ya hau mulki a 1933, sai ya tattara nasa ya nasa ya nufi Paris.

A can ne ya ƙulla abota da marubucin waƙoƙi Jacques Prévert, wadda ta buɗe masa ƙofar harkar fim. Shi ne ya tsara kiɗan manyan finafinan darakta Jean Renoir, irin su La Grande Illusion na 1937 da La Bête humaine na 1938.

Da yaƙi ya ɓarke, Kosma ya fake a kudancin Faransa. Prévert da darakta Marcel Carné suka ci gaba da ba shi aiki a ɓoye, duk da haɗarin da ke tattare da hakan gare su. A maimakon sunansa, sai aka riƙa sa na Maurice Thiriet, wanda shi ma ya yi aiki a kan kiɗan. A haka Kosma ya taimaka wajen kiɗan Les Enfants du paradis, wanda ya fito a 1945, fim ɗin da har yau ake sa shi cikin fitattun finafinan Faransa.

Bayan yaƙi, Carné ya shirya fim ɗin Les Portes de la nuit a 1946. Fim ɗin bai yi kasuwa ba, amma a cikinsa akwai wata waƙa mai taken Les Feuilles mortes, wato busassun ganye, wadda Prévert ya rubuta baitocinta, Kosma kuma ya tsara kiɗanta.

Waƙar ta bar fim ɗin a baya. Mawaƙi Yves Montand ya yayata ta a Faransa, sannan Johnny Mercer ya rubuta mata baitocin Ingilishi da sunan Autumn Leaves. A 1955, salon da Roger Williams ya kaɗa da piyano ya zo na ɗaya a jerin waƙoƙin da suka fi tashe a Amurka. Makaɗan jazz irin su Miles Davis da Cannonball Adderley ma sun naɗe ta a faifai a 1958.

Sai a 1949 Kosma ya samu takardar zama ɗan ƙasar Faransa, shekara 16 bayan isowarsa. Ya rasu a watan Agustan 1969, aka binne shi a maƙabartar Montmartre da ke Paris. Har yau ɗaliban jazz a sassan duniya na fara koyon sana'arsu da kiɗan nan nasa, ko da yake da yawa daga cikinsu ba su san sunan wanda ya tsara shi ba.