Banila: Shuka Mai Furen Yini Ɗaya

Duk wanda ya taɓa cin biskit ko kek ya san wani ƙamshi mai daɗi da ake kira banila. Asalin wannan ƙamshi daga wata shuka yake. Tana cikin dangin furannin da ake kira okid.

Inda Take Fitowa

Asalin banila ƙasar Meziko ce da maƙwabtanta na Amurka ta Tsakiya. A can tana fitowa da kanta a cikin kurmi, inda ake da zafi da ruwan sama mai yawa. Shuka ce mai yaɗo. Tana bin bishiya tana hawa kamar yadda doya ke bin sanda. Saiwoyinta na sama su ke riƙe bawon bishiyar. Amma ba ta shan jikin bishiyar kamar kauci. Abincinta yana cikin ruɓaɓɓen ganyen da ya zuba a ƙasa.

Abin Da Take Bukata

Banila tana son inuwa, domin rana mai tsanani tana ƙona ganyenta. Tana son iska mai laima, da ƙasar da ruwa ba ya kwanciya. Tana kuma bukatar ɗan rani na kamar wata 2 kafin ta yi fure. Dogon rani da busasshiyar iska irin ta hunturu ba sa yi mata daɗi. Ana dasa yankan jikinta ne kamar rogo, a gindin wata bishiya. Sai ta yi kamar shekara 3 kafin ta fara fure.

Dabarar Wani Yaro

Furen banila da safe yake buɗewa, kafin dare ya yi yaushi. Idan ba a yi masa barbara a wannan yini ba, ya faɗi ke nan. A Meziko wasu ƙwari ne ke yin aikin. Da aka kai shukar wasu ƙasashe, sai ta yi ta fure ba 'ya'ya.

A shekarar 1841, a tsibirin Reyuniyon da ke gabas da Madagaska, wani yaro bawa ya gano mafita. Sunansa Edmond Albius, shekarunsa 12. Ya sa ɗan tsinke ya ɗaga 'yar fatar da ta raba sashen namiji da na mace a cikin furen. Sannan ya matse su da yatsa. Aikin ya yi kama da na manomin dabino da ke sa furen namiji a kan na mace. Har yau da dabararsa ake aiki, fure ɗaya bayan ɗaya. Shi kuwa ya rasu a 1880 cikin talauci.

Daga Gona Zuwa Kasuwa

'Ya'yan banila dogaye ne kamar kwanson wake. Sukan yi kamar wata 9 kafin su ƙosa. Ɗanyensu ba shi da ƙamshi. Sai an tsoma su a ruwan zafi, an lulluɓe da bargo, an yi ta shanyawa na watanni. Daga nan su yi baƙi, ƙamshi ya fito.

Madagaska ce kan gaba wajen nomanta. Indonesiya da Yuganda ma suna yi. A 2017 guguwa ta ɓata gonaki a Madagaska, kilo ɗaya ya kai kusan dala 600. Ɓarayi suka addabi manoma, har wasu suka koma kwana a gona. Saboda tsada, yawancin ƙamshin banila da ke cikin kayan kanti haɗawa ake yi a masana'anta.

Manomin banila yakan jira shekara 3, amma safiya ɗaya tak yake da ita ga kowane fure. Mai haƙuri shi kan dafa dutse, sai dai a wannan gona, sai ya haɗa da sammako.