Ina Aka Bar 'Yan Koroso?

Zuwa ga Edita,

Ina roƙo ka ba ni ɗan fili cikin jaridarmu mai farin jini, in yi wa 'yan'uwa magana a kan 'yan Koroso na Kano.

Ga wanda bai san su ba, ƙungiya ce ta makaɗa da masu rawa, maza da mata, ta Hukumar Tarihi da Al'adu da ke Gidan Ɗan Hausa. Sukan jeru biyu biyu, da akayau a ƙafa, ana busa sarewa, su ɗaga ƙafa tare su sauke tare sai ka ce mutum guda. Mu a Sakkwato cikin akwatin talabijin muka san su. Sa'ad da nake yaro a Ƙofar Atiku, in aka nuna su da dare, mukan cika zauren wani maƙwabcinmu har bakin ƙofa, kashegari kowa ya ɗaura gwangwani a ƙafa yana kwaikwayo.

To, da aka fito da fim ɗin Turmin Danya a Kano cikin 1990, sai sana'ar fim ɗin Hausa ta tsiro. Ga masu rawa gwanaye a gida, an horar da su, jama'a ta san su. Amma tun daga Sangaya, cikin 1999, da waƙarsa ta game ƙasa, galibin masu shirya fim suka koma ga kiɗan fiyano da rawa irin ta Indiyawa. Aka bar Koroso ga bukukuwa da taryar manyan baƙi. Ban ƙi nishaɗi ba, amma Hausawa sun ce kayan aro ba ya rufe katara.

Abin da ke damuna shi ne, rawa ba a takarda take ba, a ƙafar mai ita take. In tsohon gwani ya rasu ba a ɗauki hotonsa ba, ta bi shi kushewa. Saboda haka ina roƙon gidajen talabijin na Kano da Sakkwato su nemo tsofaffin kaset, su sabunta su tun ba su lalace ba, masu fim kuma su ba waɗannan bayin Allah gurbi, su biya su haƙƙinsu.

Malamai da akawuna, mene ne ra'ayinku? Haza wasalam.

Ni ne naka,
Wani Akawu,
Ƙofar Atiku, Sakkwato.